Gaisuwar da Ta Rufe Gidan Talata

Ni na rufe gidan Talata. Gara in faɗa da bakina, don har yau in tsofaffin 'yan gidan suka haɗu a biki sai a ce ai rusau ne ya ci shi. Ba rusau ba ne. Rusau ya zo ya tarar da ƙofa a kulle. Ni ce, da gwiwoyina biyu da bakin nan nawa da bai iya tsayawa a “ina wuni” ba. Kuma wallahi ba ginin ne ya fi ci mini rai ba. Akwai wata baiwar Allah da na raba da wadda take so, na kwashe shekaru ina son in je in nemi gafararta, ƙafata tana ƙi.

Gidan a Misfala yake, nan cikin Makka, a wani lungu da mota ba ta shiga. Bene ne hawa uku, matattakalarsa ƙunci, in mai jiki za ta hau sai ta yi gefe-gefe. Kwanakin baya wata 'yar ƙanwata ta nuna mini a waya irin wuraren da mata masu son mata suke taruwa a wasu biranen duniya, da fitilu ja da kore da kiɗa har asuba. Tana ta a'uzubillahi, ni kuwa ina danne dariya. Namu ai na la'asar ne. Wace mace ce a Makka za ta sa ƙafa a waje da dare, ba biki ba, ba asibiti ba, ba Harami ba? Daga sallar la'asar zuwa kiran isha'i, ranar Talata kaɗai, iyakar rabonmu ke nan a mako, kuma muna lallaɓa shi ya kai mu wata Talatar.

Mai gidan Gwaggo muke ce mata, duk da ba ta haɗa jini da ko ɗaya a cikinmu ba. Tela ce. Tun tana yarinya iyayenta suka taho da ita aikin hajji ta ƙasa, ta Sudan, suka yi shekaru a hanya, kuma da suka iso ba su koma ba. Ta yi aure sau ɗaya, auren ya mutu, ta ce ya ishe ta. Ta zauna da wata aminiyarta mai kiɗan biki, ɗaki ɗaya, tukunya ɗaya, har Allah ya karɓi ran aminiyar, tun kafin ni in san gidan. Unguwa ta ce zawarawa biyu ne suke rufa wa juna asiri. Ba ƙarya unguwa ta yi ba, rabin maganar kawai ta sani.

Ta wurin aminiyar nan kiɗa ya shiga gidan. A nan ƙasar mata ne suke yi wa mata kiɗa a biki, ɗaggagat ake ce musu, kuma da yawansu baƙaƙe ne irinmu. Masu kiɗa dole su sami inda za su gwada hannu, ranar Talata kuma ba kasafai ake biki ba, shi ke nan ta zama ranar gwaji. Maƙwabta suka saba da jin bandiri daga saman bene har suka daina ji. Sannu a hankali wannan ta zo da ƙawarta, waccan ta kawo ɗinki ta manta da hanyar gida, har aka wayi gari masu zuwa kallo sun ninka masu kiɗan. Ba wadda ta taɓa tsayawa ta ce ga abin da ya tara mu. Sunan da ake kiran irinmu da shi a waje, mai ɗaci a baki, ban taɓa jin an furta shi a gidan ba ko da wasa. 'Yan Talata muke ce wa kanmu.

Ni ɗinki ne ya kai ni. Ina da shekara ashirin da 'yan kai, ina aiki a wani ƙaramin asibiti, ɓangaren mata, ina rubuta sunaye ina raba lamba. Mahaifiyata ta aike ni da yadi. Na shiga na tarar da mata biyu a tabarma, ɗaya ta ɗora kai a cinyar ɗaya ana yi mata tsifa. Ba wani abu ba ne, kowane gida ana tsifa. Amma irin kallon da mai tsifar take yi wa ta kwancen, ban taɓa ganin an kalli mutum haka ba, sai na tsaya da yadi a hannu kamar an dasa ni. Gwaggo tana leƙena ta saman gilashinta, allura a baki. Ta auna ni, ta ce, “Ki dawo ran Talata ki gwada.” Rigar nan shekara biyu ta yi ba a gama ta ba. Duk Talata sai an sami abin ragewa a hannu ko ƙarawa a wuya, mahaifiyata tana ta faɗan cewa ba ta taɓa ganin tela mai nawa irin wannan ba.

Kai, ina ma ku ga gidan nan a lokacinsa! In ka hango shuɗin zani a shanye a katangar saman bene, to a buɗe yake. A ƙasan matattakala akwai wani tsohon ɗan daudu mai tuyar waina, shi ne ƙofarmu. In namiji ya doso sai ya ɗaga murya, “Gwaggo, a kimtsa, ga baƙo!” kafin baƙon ya hau hawa ɗaya bandiri ya koma ƙarƙashin gado, kowa ta riƙe yadi. In ya sayar da wainarsa ya hau, ya ɗaura zani a ƙirji, kuma duk cikinmu ba mai juya ƙugu kamarsa, mu mata muna tsaye muna jin kunya. A bayan ƙofa akwai jerin ƙusoshi na rataye abaya. Sai ki ga mace ta shigo baƙa ƙirin daga sama har ƙasa, ta zare, ashe a ciki atamfa ce jawur da ɗankwali an kafa shi gefe, ko kuma farar jallabiyar ƙaninta da ta sato. Ana shan shayi da na'ana'a, ana tsokanar juna da Hausa ana ramawa da Larabci. In aka kira magariba daga Harami kiɗa ya tsaya cak, mu yi alwala a layi muna faɗa a kan buta, mu jera a saman bene mu yi salla. Ban taɓa jin wadda ta ce wannan bai dace da wancan ba. Kowa ta san akwai abin da yake tsakaninta da Ubangijinta, kuma ba a leƙa na wata.

Lokacin aikin hajji gidan yakan tashi, don Gwaggo tana saukar da alhazai har kan matattakala. Watan nan yakan yi mini tsawo kamar ciwon haƙori.

Wadda ta gaji kiɗan bayan aminiyar Gwaggo, Yaya muke ce mata. 'Yar Maraɗi ce, ta zo umara tana budurwa ta zauna. Doguwa, baƙa, mai manyan hannuwa da murya a dishe, Hausarta cike da “munka” da “sunka”, mu 'yan Kano muna kwaikwayonta tana bin mu da muciya. Kafin ta fara sai ta gasa fatar bandiri a kan garwashi tana ɗan ƙwanƙwasawa da yatsa tana saurare, fuska a murtuke kamar mai duba mara lafiya. Amma komai zafin da fatar ta ɗauka, ba ta bugun farko sai ta ga abayar Abla a ƙusa.

Abla malamar makarantar 'yan mata ce, shi ya sa muke kiranta haka, don a nan haka ake kiran malama. Danginta tsofaffin zuwa ne, 'yan ƙasa, masu gida a Rusaifa, irin waɗanda Hausarsu ta koma ta gaisuwa da sunan abinci. Tana da miji da 'ya'ya uku. A gida an san cewa duk Talata tana yi wa wasu ɗalibai ƙarin darasi a Misfala, direba ya ajiye ta a bakin titi ya dawo ɗauka. Takan shigo da tarin littattafan yara da jan biro, ta zauna a gefen Yaya tana gyara, kafaɗa tana taɓa kafaɗa. Abu na farko da take yi, ta cire agogon hannunta ta ɗaura wa Yaya, ta ce da Hausarta mai tuntuɓe, “Ke ki duba, ni ba na so na gani.” Yaya ce za ta ce mata lokaci ya yi. Shekara tara suna haka. Mu duka mun ɗauke su kamar yadda ake ɗaukar ma'aurata. In Yaya ba ta da lafiya, Abla ake tambaya jikinta. In Abla ta yi fushi, Yaya ake ba haƙuri. Ni da nake sabuwa, su nake kallo in ce ashe ana tsufa a haka, ashe ba ciwo ba ne da zai kashe ni ina ƙarama.

Doka ɗaya ce a gidan, kuma Gwaggo da kanta take gaya wa kowace sabuwa, ta riƙe mata kunne: a waje ba mu san juna ba. Ko a kasuwa, ko a biki, ko a sahu ɗaya a Harami, ki wuce kamar ba ki taɓa ganin fuskar ba. Dalili a fili yake. Me zai haɗa malamar makaranta 'yar Rusaifa da mai kiɗan biki, ko da mai sayar da tsaba a bakin titi wadda iƙamarta, takardar zamanta a ƙasar, ta mutu tun tuni? Duk wanda ya ga sun gaisa zai tambaya, kuma ba mu da amsa.

To ni kuma 'yar uwata ce ta haife ni. Mahaifiyata mace ce da in ka wuce babba ba ka durƙusa ba, za ta jira har ku koma gida, ta rufe ƙofa, sannan ku yi magana da bakin ludayi. A wurinta gaisuwa ba “salamu alaikum” ba ce a tsaye irin ta 'yan yanzu. Gwiwa a ƙasa, ido a ƙasa, ki tambayi gajiya, ki tambayi gida, ki bi mutanen gidan ɗaya bayan ɗaya, wanda ba shi da lafiya ki ambace shi. Tun ban iya ɗaura zani ba aka dasa mini wannan, har ya zama ba sai na yi tunani ba.

Wata Alhamis muka je suna a Rusaifa ni da ita, gidan wasu dangin nesa. Da yamma ne, falo cike da mata, an zare abayoyi, ana ta yawo da gahawa da dabino. Muna bin layi muna gaida manya, ni a bayan mahaifiyata, tana durƙusawa ina durƙusawa. Sai kawai na tsinci kaina a gaban Abla. Ashe maijegon 'yar dangin mijinta ce. Wallahi tallahi kafin kaina ya tuna da dokar Gwaggo gwiwoyina sun riga sun isa ƙasa. Da a nan na tsaya ma da sauƙi, ai kowa nake gaidawa. Amma baki ya ɗauko hanyar da ya saba.

“Abla, ina wuni? Ya gajiya? Ya yara? Ya Yaya da jiki, tarin ya sauka?”

Don ranar Talatar da ta wuce Yaya tana ta tari.

Wadda ta amsa ita ce matar da take zaune a gefen Abla, yayar mijinta, wata dattijuwa mai awarwaro har gwiwar hannu, wadda Hausarta ba ta mutu ba ko kaɗan.

“Wace Yaya kuma? Ita ce babba a ɗakinsu. Ke 'yar wace ce? A ina kika san ta?”

Mai hankali sai ta ce ta yi kuskuren fuska, ta ba da haƙuri ta wuce. Ni kuwa, Allah na tuba, babba ta yi mini tambaya, kuma ba a koya mini yi wa babba shiru ba. Na ce, kaina a sunkuye, “A gidan Gwaggo mai ɗinki ne, a Misfala. Yaya mai kiɗa.”

“Mai kiɗa,” in ji matar. Ta maimaita a hankali, kamar tana ɗanɗana gishirin miya. “To, madalla. Allah ya yi miki albarka, kin iya gaisuwa.”

Mahaifiyata har da murmushi, an yabi tarbiyyarta a cikin mutane. Ni na ja jiki na koma bayan labule na zauna, ban ƙara ɗaga kai ba har muka tafi.

Abin da ya biyo baya a bakin mutane na tsinta, guntu-guntu. An tambayi direba a ina yake ajiye ta. An nemi ɗaliban ƙarin darasi ba a samu ko ɗaya ba. Ba na jin sun gano ainihin abin, ko kuma sun gano suka ƙi kiran sunansa. A gidansu, a ce matar ɗansu ta shekara tara tana ƙarya don ta zauna cikin makaɗa, wannan kaɗai ya isa. Ba a sake ta ba, ba a dake ta ba. An dai canza direba, aka karɓe wayarta, kafin ƙarshen shekarar karatu mijin ya nemi canjin wurin aiki suka bar garin.

Talatar da ta biyo bayan sunan na je, don ban san inda zan sa kaina ba. Yaya ta gasa bandiri, ya huce, ta sake gasawa. Tana ta kallon ƙusoshi. Har aka kira magariba ba a yi bugu ɗaya ba. Na rarrafa wurin Gwaggo a ɗakin keken ɗinki na gaya mata komai ina kuka. Ba ta zage ni ba, da ma ta zage ni. Ta cire gilashi ta goge da bakin mayafi.

“Na riƙe miki kunne ko ban riƙe ba?”

“Kin riƙe, Gwaggo.”

“Akwai mata bakwai a saman nan da ba su da takarda. In mijin Abla ya aiko a duba gidan nan, ke gidanku za ki koma ki ci tuwo. Su fa?”

Ta tashi da kanta, da ciwon gwiwarta, ta hau sama ta sauke shuɗin zanin. Ta ce kowa ta tafi sai an neme ta. Ina jin lokacin da take yi wa Yaya bayani a ƙasa-ƙasa, ban tsaya na ga fuskarta ba. Na fizgi abayata na sauka a guje, har na ture wa tsohon mai waina kwanon ƙullu.

Ba wanda ya zo duba gidan. Amma ba a sake neman kowa ba. Wata ya wuce, shekara ta wuce, Gwaggo ta ce bari ƙura ta lafa, kafin ta lafa jikinta ya ƙi. Mai waina ya rasu. Wasu aka kama su a titi aka mayar da su ƙasar da suka baro tun suna goye, wasu suka yi aure, wasu suka koma hira a waya. Daga baya aka zo aka shafa wa bangon lungun jan fenti, alamar rusau. Yanzu in na bi ta wurin ba na iya nuna inda matattakalar take, wani dogon masauki ne mai ƙofar gilashi. Gwaggo a Ka'akiyya ta ƙarasa kwanakinta, a ɗaki ɗaya, Yaya ce ta yi jinyarta. Ko gaisuwar mutuwar ban je ba, ni mai iya gaisuwa. Na aika da shinkafa ta hannun wata.

Na yi kewar gidan nan, kada ku ji da wasa. Na yi shekaru in Talata ta zo, da an yi la'asar sai in ji jikina yana neman hanya. Na sami wadda na so daga baya, mun yi zamanmu a ɓoye yadda ya samu, amma ba mu taɓa samun ɗakin da za a tambaye ni jikinta ba. Ita kuwa Yaya ina jin labarinta daga nesa. Biki ya koma na na'ura, an daina neman masu bandiri sai jefi-jefi. Sau biyu na hango ta, sau ɗaya a asibitinmu ma, na shige ɗakin allura na tsaya har ta tafi. Sau ɗaya ta aiko wata ta ce tana nemana. Na ce a ce mata ina Jidda.

Shekara goma sha ɗaya ina wannan wauta. Sai wata tsohuwar 'yar Talata ta tare ni a kantin unguwa, ta karya doka ita ma, ta ce, “Yaya za ta tafi gida. Ido ya fara mutuwa, takarda ta ƙi sabuntuwa. Jibi za ta miƙa kanta ga hukuma a mayar da ita ƙasarsu.” Na kwana ina juyi. Da safe na ce wa kaina, ke, in kika bari matar nan ta hau jirgi, da me za ki tsaya gaban Allah?

Na same ta da hantsi a Ka'akiyya, a tsakiyar kaya. Jakunkuna biyu a ɗaure, bandiri uku a jingine da bango ta ce wa maƙwabciya ta raba wa yara. Ta rame, gashin ya yi fari fat, amma hannuwan suna nan yadda suke. Na yi sallama, ta karkato kai.

“Wa ke nan?”

Na faɗi sunana. Na zube a gabanta, duk jawabin da na shirya a mota ya gudu, sai cewa nake, “Yaya ki yafe mini, don Allah don Annabi ki yafe mini, ni na jawo, ni na raba ku.”

“Tashi ki zamna, kina jiƙa mini tabarma,” in ji ta. Na zauna. Ta laluba ta kama wuyan hannuna ta riƙe gam, kamar mai tsoron in sake guduwa. “Ke ce ta ƙarshe cikinmu da ta gan ta ba lulluɓi. Gaya mini. Yaya fuskarta take ran nan? Ta yi kwalliya? Da kinka yi maganar, ta ji tsoro?”

Na buɗe baki in ƙirƙiro mata. Wa zai ƙaryata ni? In ce ta sa kore, ta yi kyau, ta yi murmushi da ta ji sunanki. Amma hannun nan yana riƙe da ni, na kasa.

“Yaya, ban ga fuskarta ba sai wucewar ido. A durƙushe nake, kaina a ƙasa. Har muka tafi ban ɗaga ba.”

Ta saki numfashi, riƙon ya sassauta. Na ji kamar na sake kashe ta.

“To mi kinka gani?”

“Ƙafafunta kawai.”

Sai ta gyara zama. “Ƙafafun fa? Yaya suke?”

Na rufe ido, kuma wallahi suka zo mini kamar jiya, don a kansu na zuba ido duk tsawon tambayar dattijuwar nan. Na ce ta cire takalmi, ta haɗa ƙafafun wuri ɗaya a kan kafet, babban yatsan dama yana danna na hagu. Na ce akwai lalle, an rufe yatsun duka, an zagaye tafin da layi siriri, sannan a kan kowace ƙafa an ɗiga ɗigo uku.

“Ni na ƙunsa mata,” in ji Yaya. “Ran Talatar nan, kuna sama kuna shan shayi. Ta ce tana da suna jibi. Bai daɗe ba direba ya iso, dole munka wanke shi da ɗanyensa. Ta fita yana ruwan ɗorawa, ina ta faɗa, na ce zai ba ni kunya cikin mutane.” Ta matso da fuskarta kusa da tawa, idanun sun yi fari-fari. “Ya kama?”

“Ya kama, Yaya. Ya yi jawur har ya doshi baƙi. Duk falon ba ƙafa irin tata.”

Ta saki hannuna, ta jingina da bango, ta rufe ido. Leɓenta yana motsi, ban ji abin da take cewa ba. Ana ta hayaniyar yara a waje suna rigima a kan bandiri. Can na yi ƙarfin hali na ce, “Yaya, kin yafe mini?”

“Gaisuwar? Tun ran nan. Uwarki ta koya miki, mi za ki yi.” Ta goge ido da bayan hannu. “Amma shekara goma sha ɗaya ina nemanki in tambaye ki abu guda, ke kaɗai kinka sani, kina ɓuya a ɗakin allura. Kin ɗauka ban gan ki ba? Lokacin idona na gani. Wannan kam ban sani ba tukuna, ɗiyata. Ki bar ni in kai gida in duba.”